Taken da Aka Hana Shi Ƙarasawa: Nazarin Wata Fitowar Guje-Guje a Jidda

Sana'ata tace bidiyon biki. Na daɗe ina yin ta a wani ɗan ɗaki a kudancin Jidda, ina yanka hotunan angwaye da abokan ango, ina shimfiɗa musu waƙa a ƙarƙashi. A wannan aikin kiɗa bai taɓa hana ni barci ba. Ango ne ke zaɓar waƙarsa, nawa kawai in sa hoto ya bi ta. Sai bara, bayan an watse daga aikin Hajji, ƙanena ɗan ƙanwar mahaifiyata ya shigo mini da memori uku a ƙulle cikin ledar baƙala, wato kantin unguwa, ya ajiye a kan tebur ya ce, "Yaya, mun ɗauki fim. Kai za ka tace mana."

Fim ɗin gajere ne, minti ashirin da 'yan kai, da irin Hausarmu ta nan wadda Larabci ya ratsa ta ko'ina. Labarin wani yaro ne ɗan aike da aka ba shi jakar amana ya kai wa mai ita, sai wasu ƙarti uku suka biyo sawunsa. Gaba ɗaya fim ɗin a kan fitowa guda yake rataye, mai tsawon minti huɗu: yaron ya gudu, ya ɓuya, aka ritsa shi, ya juyo. In wannan ta tsaya da ƙafarta, fim ya yi. In ta faɗi, saura duk surutu ne.

Da a shekarun baya ne, da a lungunan Sabil ko Karantina za a ɗauke ta, inda muka tashi muna tsere da juna. Waɗannan unguwannin suna cikin waɗanda aka rushe a 2022, ga shi kuma ɗaukar fim a kan titi sai da tasrihi, wato takardar izini. Don haka yaran suka roƙi kawunmu, mai harkar aika kaya Kano da Yamai, ya ara musu sitonsa da safiyar Juma'a, lokacin da babu ma'aikata. Shi ne ma ya biya hayar kyamara. Maganarsa za ta dawo a gaba.

Abin da na tarar, da gwaji biyu da suka ci tura

Hoton ba laifi. Katan-katan ne jibge har rufi, ga lunguna a tsakaninsu, ga hasken rana na shigowa ta ƙarƙashin ƙofar ƙarfe. Gudun ma na gaske ne, don jarumin har gwiwa ya gurje. Amma da na jera na kalla, ba sauti sai takun ƙafa da iskar da ta bugi makirfo, sai na ga kamar samari ne ke motsa jiki kafin wasan ƙwallo. Babu abin da ke gaya wa mai kallo cewa ran wani ne a bakin ƙugiya.

Ƙanena ya riga ya zo da maganinsa a waya. Kiɗan tallan wani fim ne na Amurka, irin mai manyan ganguna da ƙaho, wanda ke farawa da ƙarfi ya ƙare da ƙarfi. Na shimfiɗa shi. Daƙiƙa ashirin na farko har ni sai da na gyara zama. Kafin a cika minti guda na daina jin sa. Ana shiga minti na biyu matata ta leƙo daga kicin ta ce in rage ƙarar nan, yaro na barci. Ko allon ba ta kalla ba.

Duk wanda ya kwana a Jidda ya san dalili. Mukayyif, wato na'urar sanyaya ɗaki, na ƙugi a kanka dare da rana, ba ka ma san yana yi ba sai ranar da ya tsaya. Kunne yana sabawa da duk abin da ba ya sauyawa, kome ƙarfinsa. Kiɗan talla kuwa an gina shi ne don ya sayar da fim cikin minti biyu, kowace daƙiƙa tana ihu. Wanda ya fara da ihu ba shi da inda zai hau. Ban da wannan ma, kiɗan na wani ne, kuma YouTube na da manhajar da ke gane kiɗan mai shi da zarar an ɗora. Muka ajiye shi.

Sai na kira wani abokina mai fiyano, wanda ke yi wa mawaƙan biki kiɗa. Muka zauna da lissafi. A fim hoto 24 ne ke wucewa kowace daƙiƙa. In kiɗa na bugu 120 a minti, kowane bugu hoto 12 ke nan. In aka kai shi 144, hoto 10. In aka sassauta zuwa 90, hoto 16. Da wannan lissafin na sake yanka fitowar, kowace yanka ta faɗa daidai kan bugu, kiɗan kuma na ƙara sauri a hankali tun daga 96 har 144. Zuciyar baligi a zaune tana bugawa tsakanin 60 da 100 a minti, saboda haka muka faro daga inda jiki yake muka ja shi sama.

Kuzari ya samu, ba shakka. Gudun ya zama gudu. Na tara yaran suka kalla, sai na lura da wani abu da ya sanyaya mini gwiwa: kowa na gyaɗa kai yana buga ƙafa. Daɗi suke ji. Ashe hannuna na bikin ne ya yi aikinsa, na mayar da fitowar bidiyon waƙa. Mutumin da ya san daidai inda bugu na gaba zai sauka ba ya cikin fargaba, cikin rawa yake. A nan na fara gane cewa abu biyu muke nema ba ɗaya ba, kuma ba lallai su zo tare ba. Sauri da bugu suna ba da karsashi. Zullumi daga wata ƙofar yake shigowa.

Na koma na duba yadda manya suka yi. A fim ɗin Jaws na 1975, kifin roba da aka ƙera ya yi ta lalacewa a cikin teku, dole Steven Spielberg ya rage nuna shi. John Williams ya cike gurbin da sauti biyu kacal masu maƙwabtaka da juna, suna kai da kawowa, su fara a hankali su ƙara sauri. Ba waƙa ba ce da za ka bi, kamar farkon waƙa ce da ta ƙi ci gaba. Da zarar ka ji su ka san abin na tafe, amma ba ka san yaushe ba. Abin da ya fi burge ni shi ne amanar da suka riƙe: a wurin da wasu yara suka tsorata mutane da fiffiken kifi na bogi, ba a sa kiɗan ba. Mai kallo ya koyi cewa kiɗan ba ya ƙarya. Sai da ya yarda da hakan sarai, sannan aka fito masa da kifin a gefen jirgi babu ko gargaɗi.

Kalangun Baba

Mu a ƙasar nan mun yi kusan shekara 35 babu gidan sinima. Da aka buɗe na farko a Riyad ranar 18 ga Afrilu 2018, Black Panther aka nuna. Wanda ya yi masa kiɗa, Ludwig Göransson ɗan ƙasar Suwidin, sai da ya tafi Senigal ya bi Baaba Maal yawon wasa, ya naɗo kiɗan tama, ɗan ƙaramin gangan da ake saƙalawa a hammata a matse shi ya yi magana. A fim ɗin taman ne ke kiran sunan sarkin. Kiɗan ya ci kyautar Oscar a 2019. Ranar da na kalla, abin da na ce a raina shi ne: wannan ai ƙanen kalangu ne. Wani ya taso daga Turai ya je neman abin da muke da shi a gida.

Akwai wani dattijo a unguwarmu da kowa ke ce wa Baba. Mutumin ƙasar Sakkwato ne, ɗan gidan makaɗan kalangu, ya yi ƙuruciyarsa yana bin 'yan dambe gari-gari da kaka. Ya zo Hajji tun kafin a haife ni bai koma ba, ya kama fawa, wadda dama ita da kalangu da dambe 'yan gida ɗaya ne. Ya bar kiɗa tuntuni, amma kalangun na nan a saman kwaba, naɗe cikin tsohon harami. Sai da na yi sawu uku, na haɗa da turare da goro, kafin ya yarda.

Ranar naɗin muka rataya barguna a bango, muka kashe mukayyif don kada ƙuginsa ya shiga makirfo. Cikin minti biyar gumi ya jiƙa mu sharkaf. Laimar Jidda kuma ta riga ta sassauta fatar kalangun, in ya buga sai ka ji kamar an mari katifa. Ya ce a gida da rana za su shanya shi, ko su kara shi kusa da wuta. Na ɗauko na'urar busar da gashi ta matata. Ya dube ta, ya dube ni, ya ce, "Ikon Allah. Miƙo." Ya riƙa zagaya ta a kan fatar yana ɗan ƙwanƙwasawa da yatsa, kansa a karkace, har muryar ta dawo.

Na kunna masa fitowar sau biyu. Bai ce uffan ba sai da ta ƙare.

"Yaron nan ɗan wane ne? Mene ne takensa?"

"Baba, ai ba shi da take. Ɗan aike ne kawai a labarin."

"To ba a kiɗa wa mutum haka nan tsirara. Sai mu ara masa."

Ya gyara kalangun a hammata, ya matse tsarkiya, ya saki taken wani ɗan damben garinsu da ya daɗe da rasuwa. Tsikar jikina ta tashi yar. Abokina mai fiyano ya dafe kai. Na ce a raina an gama, tsohuwar zuma ta yi magani.

Washegari na shimfiɗa shi a kan gudun, na kira wani maƙwabcinmu, dattijo Bagobiri, don in ga yadda kunnen da ya san abin zai karɓa. Ko rabin minti ba a yi ba ya kwashe da dariya har da tafi. Ya ce, "Kai, wannan yaron ba mai kama shi! Ba ka ji abin da kalangu ke faɗa ba? Su ukun nan su za su sha kashi."

Gaskiyarsa. Hausa harshe ne mai karin sauti, sama da ƙasa da faɗau, kalangu kuma waɗannan karin yake kwaikwaya in an matse tsarkiya ko an sassauta. Ga ɗan kallon Riyad ko na Landan, taman can sauti ne mai daɗi daga Afirka. Ga Bahaushen da ya tashi a ƙasar dambe, kalangu baki gare shi. Take kuwa zuga ce, da shi ake tsima ɗan dambe ya fito fili yana karkarwa. Mun ɗauki kiɗan da ke cewa "ga gwani nan" mun ɗora a kan yaron da ke gudun ceton rai. Tun a daƙiƙar farko mun tona ƙarshen labari.

Na koma wajen Baba da kunya. Na ce, "Baba, ko za a iya kaɗawa ba tare da an ce komai ba? Bugu kawai."

Ransa ya ɓaci. "In bebe kake nema, ɗana, ga bokiti can a banɗaki, ɗauko ka buga. Ni ubana bai koya mini haka ba."

Muka zauna shiru. Don in wanke laifina na roƙe shi ya sake kaɗa taken ko sau ɗaya, in sami naɗi mai tsabta. Ya ɗauka, ya shiga, ya kai tsakiya, sai ladanin masallacin bayanmu ya ɗaga murya da kiran La'asar. Makaɗin na sama ya tsaya cak. Ya ajiye kalangu ya nemi buta.

Da dare ina sauraron abin da muka naɗa, na iso wurin. Rabin take, sai shiru. Na ji ƙirjina ya rataye, kamar wanda ya ɗaga ƙafa zai taka matakala ya tarar babu. Na mayar baya na sake ji. Haka dai. Na sake har sau biyar, kowane karo jikina na jiran saukar da ba ta zuwa. Abin da na yi sati biyu ina nema ke nan. Take jimla ce mai kai da gindi. In aka faɗi rabinta aka yi shiru, wanda ya san ta zai ƙagu a ƙarasa, wanda bai san ta ba ma zai ji cewa sautin ya hau bai sauko ba.

Shawo kan Baba ya yi hakan da gangan ya fi samo shi tun farko wuya. Ya ce yanke take kamar ka kira sunan mutum ne ya waiwayo ka yi masa banza. Na ce, "Baba, za a ƙarasa masa, amma sai ya cancanta. Sai ya daina gudu." Ya yi jim, sannan ya ce, "Wannan kuma magana ce." Ya ba ni rabin taken a sauri daban-daban, kowane karo in ya zo wurin yankewa sai in ga maƙogwaronsa ya motsa, kamar mai haɗiye magani.

Yadda muka shimfiɗa minti huɗun

A ɓangaren gudu muka bar bugun fiyanon a ƙasa yana aikin karsashi, amma na warware yankan da na yi a kan bugu. Wasu na bar su, wasu na gaggauta su da hoto biyu ko uku, yadda ido zai riga kunne, jiki ya kasa samun wurin gyaɗa kai. A saman wannan rabin taken ke shigowa. Karo na farko daga nesa, kamar a wata unguwa ake yi. Karo na biyu ya matso. Tazarar da ke tsakaninsu tana raguwa, kuma bai taɓa shigowa a inda ake zatonsa ba.

Sai yaron ya faɗa wani lungu tsakanin katan-katan ya lafe. A nan muka yi rigimar da ta fi kowace zafi da ƙanena. Na cire kiɗa gaba ɗaya na tsawon daƙiƙa 40. Ya ce, "Yaya, mutane za su ɗauka wayarsu ce ta lalace." Na kunna masa tseren motocin fim ɗin Bullitt na 1968, wanda Lalo Schifrin ya yi wa kiɗa. Kiɗan yana tafiya ne a lokacin da motocin biyu ke bin juna sannu-sannu a titunan San Francisco. Da direban ɗayar ya ɗaura bel ya taka mai, taya ta yi ƙara, kiɗa ya ɗauke, aka bar injin da birki suka yi sauran tseren. Wato a jiran aka sa kiɗan, da abin ya zo sai aka janye shi. Ya kalla ya ce wancan ai akwai ƙarar mota, namu fa? Na ce namu akwai mukayyif.

Da gaske nake. Na koma siton na naɗo ƙugin tsohon mukayyif ɗin ofishin Kawu, na shimfiɗa shi siriri. A kansa akwai numfashin yaron da yake ƙoƙarin dannewa, da takun silifas ɗin ɗaya daga cikin masu binsa, ɗas, ɗas, yana tsayawa yana ci gaba. Akwai kuma wani abin da Allah ya kawo a ranar ɗauka: ƙafar yaron ta taɓa wani naɗin salatif, ya gangaro fili yana juyi har ya kwanta. Bayan minti guda da rabi na kiɗa, wannan 'yar ƙarar ta fi ganga goma. Da tun farko shiru muke tafe da shi, da ba ta zama komai ba. Kiɗan da ya gabata ne ya saya mata daraja.

Daga inda aka gano shi zuwa inda ya ƙure a jikin ƙofar ƙarfe, muna bukatar abin da zai yi ta hawa ba tare da ya kai ƙarshe ba. Akwai wata dabara da masanin halayyar ɗan Adam Roger Shepard ya bayyana a 1964: a jera sautuka hawa-hawa suna tashi tare, na can sama yana dusashewa a daidai lokacin da wani sabo ke kunno kai daga ƙasa, sai kunne ya ɗauka hawa ake yi har abada. Da ita Hans Zimmer ya yi aiki a Dunkirk na 2017, haɗe da ƙarar agogon Christopher Nolan da aka naɗa. Mu ba mu da kayansu, amma kalangu da kansa yana hawa in ana matse tsarkiya. Na sa Baba ya yi ta yin rugugi yana matsewa daga ƙasa har sama, na ɗauki guda uku na ɗora su a kan juna, kafin ɗaya ya ƙure na dusashe shi, na biyu ya riga ya kai tsakiya, na uku na tasowa. Ba ta fita tsaf kamar tasu ba, mai kunne zai ji ɗinkin a wuri biyu. Amma ta yi aiki.

Yaron ya dafa ƙofa, ya ga a kulle take. Ya ajiye jakar a ƙasa. Na ɗauke komai na tsawon hoto 12, rabin daƙiƙa. Ya juyo. A nan Baba ya saki taken cikakke, tun daga kai har gindi, karo na farko a fim ɗin.

Faɗan kansa bai kai rabin minti ba, kuma shi ne ya fi sauƙi. Abu guda na kiyaye: duk inda naushi zai sauka na rage kalangu, don in duka biyun suka faɗi a tare sai su cinye juna.

Waya, da sharaɗin Kawu

A lasifikar ɗakina komai ya zauna daram. Na tura wa ƙanena ta WhatsApp, ya kira ni ya ce bugun ƙasan ya ɓace. Haka ne kuwa. A gidan sinima akwai lasifika ta musamman don sautuka masu kauri, ita ce "1" ɗin da ke cikin tsarin lasifikoki na 5.1, tana ɗaukar abin da bai wuce hez 120 ba a ma'aunin kaurin sauti, irin wanda ƙirji ke ji kafin kunne. Ƙaramar lasifikar waya ba ta iya fitar da wannan. Masu kallonmu kuwa kusan dukkansu a waya za su kalla, wani a bakin shago, wani a motar kafili, wato ubangidansa, yana jiran yara su taso daga makaranta. Dole abokina ya sake bugun da murya mai ɗan kaifi, mai kama da kurkutu. Kalangu bai sami matsala ba, muryarsa a tsakiya take kamar ta mutum. Tun daga ranar duk gyaran da na yi sai na saurare shi a wata tsohuwar waya mai fasasshen gilashi kafin in yarda da shi.

Sai maganar Kawu. Da labari ya kai masa cewa har makaɗi aka ɗauko, ya aiko a kira mu. Bai yi faɗa ba. Ya ce shi a fahimtarsa kayan kiɗa ba su halatta ba, ba zai hana mu namu ba, amma kuɗinsa da sitonsa sun shiga, don haka yana son a fitar da wani kwafi da babu kiɗa, wanda zai iya nuna wa iyalinsa. Wannan ba baƙon abu ba ne a nan, shirye-shirye da yawa ana fitar da su iri biyu, mai kiɗa da marar kiɗa. Hukuncin kuwa na malamai ne, ba na mai tace bidiyo ba. Na ce, "To, Kawu, an gama."

Na ɗauka aikin awa ɗaya ne, in kashe layin kiɗa in fitar. Kwana huɗu ya ci. Da na cire kiɗan sai na tarar yankan hoton ya riga ya haddace shi. Na jera takun ƙafa a gurbin bugu, na sa ƙarar katan da ke faɗuwa a inda rabin take ke shigowa, na bar numfashi ya yi hawan da kalangu ke yi. Gudun ya tsaya da ƙafarsa fiye da yadda na zata. Ɓuyan ya ɗan rage kaifi, tun da babu kiɗan da za a ɗauke a ji rashinsa. Inda kwafin ya gaza ƙarara shi ne juyowar. Yaron ya juyo, shi ke nan, ya juyo. Babu bashin da aka ci mai kallo, balle a biya shi.

Ranar nunawa

Muka kama hayar wata istiraha, wato gidan shaƙatawa, a bayan gari, aka shimfiɗa darduma, aka haska a jikin bango. Maza a tsakar gida, mata a ciki da nasu allon. Ni ban kalli fim ɗin ba, mutane na kalla.

A lokacin gudun ba wanda ya gyaɗa kai, wannan ya faranta mini. Da aka shiga ɓuya wani mai zuba shayi ya tsaya da buta a sama, bai zuba ba bai ajiye ba, har salatif ɗin nan ya gama juyinsa. Matata ta ce a ciki wata tsohuwa ta riƙa cewa "Innalillahi, kar ka motsa, ɗan nan." Da taken ya sauka cikakke, dattawan da ke gaba suka ɗauki sowa, Bagobirin nan har ya miƙe tsaye yana nuna bango da sanda.

Ba duka ne ya yi ba. Samarin da aka haifa a nan, waɗanda Hausarsu ta cikin gida ce kuma ba su taɓa tsayawa a filin dambe ba, sun ji fargabar, amma saukar ba ta tsima su kamar iyayensu ba. Wani abokin ƙanena Bayamane ya ce kiɗan ƙarshen ya yi masa kama da na biki. Ban yi masa musu ba, a kunnensa haka ne. Kuskurena ni kuma shi ne na ɗaga taken fiye da kima saboda son da nake masa, har ya danne kalma guda da jarumin ya faɗa kafin ya kai naushin farko. Mutum uku suka tambaye ni me ya ce. Na rage shi daga baya. Ƙanena har gobe yana kan bakansa cewa daƙiƙa 40 ta yi yawa, 30 ta isa. Na sake kallo kwanan nan, ina ganin 35 ce gaskiyar, amma ban gaya masa ba.

Baba yana gefena a kan kujerar roba, ya ƙi zama a gaba. Duk lokacin da rabin taken ya shigo ya yanke, sai in ga yatsunsa biyu a kan gwiwa suna ƙarasa ragowar a ɓoye, cikin rigarsa. Sau uku yana yi. Da aka kunna fitila ya jawo hannuna ya ce fatar kalangun nan ta gama yayi, in akwai wanda zai taho daga gida kafin azumi, a sa shi ya riƙo masa ta ɗan akuya, mai laushi, kada a kawo ta tsohuwa.